Bas Uku da Cliff Bai Hau Ba

Grimsby, 19 ga Afrilu, 1998

Bryony 'yata,

Da bas ta uku ta tsaya ne na gane. Ina zaune a layi na biyu a zauren coci, kofin shayi a hannuna, mutum kusan sittin suna dariya a bayana. Ga mijina Cliff a fim, an haska shi a jikin farin bango, sanye da tsohuwar rigar ruwansa. Ƙofar bas ta buɗe, ya ja da baya ya miƙa hannu, ya ce wa wata mai keken jariri ta wuce. Ta wuce. Tsoho mai kare ya wuce. Ƙofa ta rufe, bas ta tafi, Cliff yana tsaye. Karo na uku ke nan. Kowa hannun da ya miƙa yake kallo. Ni ɗaya hannun nake kallo, na hagun, wanda ya damƙe ƙarfen tasha da shi har yatsun suka yi fari. Ba ladabi yake yi ba, Bryony. Ɗaga ƙafa ya taka matakalar nan ne ya gagare shi.

Ga shi na fara ko gaisuwa babu. Ki yi haƙuri. Ina fata kina lafiya, kuma karatu yana tafiya, kuma kina sa rigar sanyi a wannan Glasgow taku. Ni lafiyata ƙalau, in ban da gwiwa. Na yi magana da mahaifiyarki Pauline ranar Lahadi, ta ce tarin nata ya yi sauƙi. Ita kaɗai ce ta rage a dangin Cliff da ke nemana, ko da yake zumuncin nasu na kakanni ne.

Jiya Asabar aka nuna fim ɗinki, wanda kika ɗauka a watan Oktoba lokacin da kika yi mako guda a ɗakinmu na baya. Doreen maƙwabciyata ce ta shirya komai da kaset ɗin da kika aiko mata, har da biskit. Mutane sun ji daɗinsa. Minti goma sha biyu, ba kiɗa, ba mai bayani, tashar bas ta Titin Albion kawai, amma kowa ya ga wani nasa a ciki. Sun yi dariyar mutumin da yake cin soyayyen dankali a cikin ruwan sama yana kare ƙunshin dankalin da hularsa. Sun yi dariyar matan nan biyu da suka yi minti guda suna gardama a kan ranar kwashe shara. Amma Cliff ne ya fi ba su dariya.

Da aka kunna fitila Doreen ta dafa ni tana goge ido. Ta ce, "Glenys, mijin nan naki yanzu haka yana ƙofar aljanna yana cewa ku wuce, ku wuce. Mala'iku sun gaji da riƙe masa ƙofa."

Stan, abokin aikinsa na tashar kifi, ya ce, "Ladabin banza. Shekara talatin muna aiki tare, bai taɓa barina na riga shi layin abinci ba. Sai da ya ga kyamara."

Na yi murmushi, na taya su wanke kofuna, na dawo gida.

Da Cliff ya faɗi a lambu a watan Janairu, likitan asibiti ya ce mini zuciyar ta daɗe tana gazawa, wata shida ko fiye. Na ce masa ba zai yiwu ba, da na sani. Har haushinsa na ji. To jiya na gani da idona, wata uku kafin ya rasu, a gaban dukan unguwa.

Na tuna safiyar nan. Ya ce zai shiga gari ya sayo irin albasa. Ya dawo da rana hannu babu komai, ya ce shagon a rufe yake. Na ce masa shi dai ko aiken iri ba ya iyawa.

Ga abin da nake so ki gaya mini. Kina can a tsallaken titi, a bayan kyamara, kina kallonsa. Me kika gani?

Antinki,
Glenys


Glasgow, 27 ga Afrilu

Anti Glenys,

Na ga wasiƙarki, na gode. Lafiyata ƙalau, aiki ne dai ya yi yawa, jarrabawa ta matso. Ki riƙa sa wa gwiwar nan ruwan zafi, kuma ki daina hawa kujera don goge taga.

Anti, na ji ba daɗi da aka yi wa Kawu Cliff dariya kina zaune. Laifina ne. Ya kamata in aiko miki da kaset ɗin ki fara gani ke kaɗai kafin a nuna wa jama'a. Ban yi tunani ba.

Irin wannan fim ƙa'idarsa ke nan: a ajiye kyamara, a yi shiru, a bar mutane su yi abin da suke yi. Malaminmu yakan ce mu zama kamar sandar fitilar titi. Ba a tambaya, ba a sa baki.

Akwai wani labari. An zaɓi fim ɗin za a nuna a bikin fina-finan ɗalibai a watan Yuli. Duk wanda fuskarsa ta fito sosai sai ya sa hannu a takarda. Kawu da baki ya ce mini ya yarda, ban samu ya sa hannu ba, don haka yanzu ke ce za ki sa a madadinsa. Ga takardar na haɗo. Idan wurin nasa yana miki ciwo, ki faɗa kawai in cire shi gaba ɗaya. Ba zan ji komai ba.

Ki gaida Anti Doreen, ki ce na gode da ɗawainiya.

'Yarki,
Bryony


Grimsby, 3 ga Mayu

Bryony,

Wasiƙarki ta iso. Na ji daɗi da kike lafiya, kuma ina taya ki murnar zaɓen da aka yi wa fim ɗin. Da Cliff yana nan da ya gaya wa duk mutanen lambu sau uku uku. Gwiwa tana nan yadda take.

Dariyar ba ta dame ni ba. Cliff yana son a yi masa dariya, rabin rayuwarsa a kan haka ya ƙare. Ba abin da na tambaye ki ba ke nan. Na sake karanta wasiƙarki sau huɗu ko amsar tana wani wuri ban gani ba. Ni karatuna bai yi nisa ba, ina 'yar shekara goma sha biyar na bar makaranta na shiga gyaran kifi, amma na san idan an amsa mini da idan ba a amsa ba.

Ranar Laraba na je tashar. Na tsaya daidai inda Cliff ya tsaya, na riƙe ƙarfen. Da bas ta zo na tsaya ina kallon matakalar. Ba ta kai tsawon tafin hannuna biyu ba. Direban ya leƙo ya ce, "Za ki shiga ne, Mama, ko sayen motar za ki yi?" Na ce ya tafi. Na karanta takardar lokaci da ke manne a jikin gilashi. Duk minti ashirin bas take zuwa. Bas uku, minti arba'in ke nan daga ta farko zuwa ta ƙarshe. A fim ɗinki bai kai minti biyu ba. Ina sauran?

Tun ranar nake ta tuno abubuwa, kuma ba na son su. Cliff ya daina kawo mini shayin safe sama, ya ce kofin yana zuba a kan kafet. Ya koma zama a matakala ta biyu yana ɗaure takalmi, ya daɗe a zaune. Ya ba Stan rabin lambunsa, ya ce wai ya gaji da cin wake. Sau ɗaya na ce masa, "Cliff, numfashin nan naka." Ya ce, "Tsufa ne, mace. Kada ki tayar wa mutane da hankali." Na ce ya je wurin likita. Ya ce layin likita na masu ciwon gaske ne, shi ba zai je ya tare wa wani wuri ba. Na bar maganar, don ruwan shayi ya tafasa.

Jiya Stan ya kawo mini kabeji. Na tambaye shi ko ya lura da wani abu. Ya juya hularsa a hannu ya ce, "Glenys, mu ba ma irin wannan hirar. In ya ce lafiya, lafiya ce." Ya sha shayi ya yi maganar ƙwallo ya tafi.

Don haka ke kaɗai ce. Minti arba'in kina tsaye kina kallonsa, ba ki da wani aiki sai kallonsa. Ba zai yiwu a ce ba ki ga komai ba.

Takardar da kika aiko tana bayan agogo. Ban sa hannu ba, ban kuma ce ki cire ba. Ki fara amsa mini.

Antinki,
Glenys


Grimsby, 8 ga Yuni

Bryony 'yata,

Ina fata kina lafiya. Ina fata da gaske, don ban sani ba. Mako biyar ke nan. Kullum ƙarfe tara ina tsaye a bayan ƙofa ina jiran mai kawo wasiƙa, har ya fara ce mini, "Yau ma takardar lantarki ce, ki yi haƙuri."

Na buga wayar gidan kwananku sau biyu. Wata yarinya ta ɗauka, ta ce kin fita. A karo na biyu na ji ta rufe bakin wayar da hannu kafin ta ce kin fita. Na kira Pauline. Ta ce kin je gida ƙarshen mako, ba ki ci abincin kirki ba, kin rame, kuma da ta ambaci sunana kin tashi daga tebur. Ta tambaye ni me na yi miki. Na ce ban sani ba, amma ina jin na sani.

Ba na ajiye kwafin wasiƙa, amma na tuna abin da na rubuta game da minti arba'in ɗin nan. Idan kin karanta shi a matsayin na ce ke kika bar shi ya mutu, ba haka nake nufi ba. Ke minti arba'in kika yi. Ni shekara arba'in da ɗaya na yi ina kallonsa, a tebur ɗaya, a gado ɗaya. Idan akwai wadda ya kamata ta gani, ba 'yar shekara ashirin da biyu da ta zo mako guda ba ce.

So nake in san yadda safiyar ta kasance, shi ke nan. Ya zauna? Ya yi magana? Yana jin tsoro? Ba ni da wanda zan tambaya.

Ki ci abinci. Ki rubuto ko layi biyu ne, ko da za ki ce ba za ki amsa ba.

Antinki,
Glenys


Glasgow, 14 ga Yuni

Anti Glenys,

Lafiyata lau, jarrabawa ta ƙare, ina cin abinci. Ina fata gwiwar ta yi sauƙi. Na fara wannan wasiƙa sau da yawa ina yagawa.

Ba kuskuren karatu na yi ba kaɗai. Na ji maganar minti arba'in a matsayin zargi ne don na cancanci zargin. Na gani, Anti. Na sani tun Oktoba.

Da bas ta farko ta wuce, dariya na yi, na ce na samu abin da nake nema. Da ta biyu ta wuce na ga hannunsa a kan ƙarfen. Na tsaya. Na ce wa kaina ƙa'ida ce, ba a sa baki. Minti ashirin na yi ina gaya wa kaina haka. Da ta uku ta wuce na bar kyamara tana aiki na tsallaka titi.

Ya ce, "Koma wurin na'urarki kafin a sace."

Na ce, "Kawu, ka yi fari fat."

Ya ce, "Ɗan Grimsby ne ni. Kalarmu ke nan."

Na zaunar da shi a kan gajeriyar katangar nan ta bayan tasha. Na ce zan je akwatin waya in kira motar asibiti. Ya riƙe mini hannun riga ya ce, "Motar asibiti a Titin Albion? Da jiniya? Doreen ta leƙo ta labule? Ki rufa mini asiri, 'yar nan."

Ba irin albasa zai sayo ba. Likita zai je gani. Ya karɓi lokaci a ɓoye, ƙarfe goma, ya nuna mini katin. A lokacin goma ta wuce da kwata. Abin da ya fi damunsa shi ne ya sa likita jira, ya ce ba shi da fuskar da zai shiga a makare. Na ce mu ɗauki tasi. Ya ce sam, an riga an kira na bayansa.

Sai ya ce kada in gaya miki. Ya ce, "Antinki ko tari na yi sai ta ƙirga. In ta ji wannan, ita za ta riga ni kwanciya." Na ce ba zan yi shiru ba sai ya yi alkawarin karɓar wani lokacin. Ya ce ya yi. Muka tafa a kai kamar masu ciniki. Ya dubi kyamarar ya ce, "Abin nan yana ɗauka har yanzu? To in za ki sa ni, ki sa ni a mutumin kirki. Kada ki sa ni a majinyaci."

A watan Nuwamba na kira gidanku, shi ya ɗauka. Na tambaye shi. Ya ce an duba shi, ƙwannafi ne kawai. Na yarda, don ina son in yarda. Ban sake tambaya ba.

Akwai kuma wanda ya fi mini wuyar faɗa. Na yanka wurin ya zama abin dariya don shi ya roƙa, amma ba don haka kaɗai ba. Na san shi ne wuri mafi kyau a fim ɗin, kuma ina son a yaba.

Ga kaset na haɗo, wanda ba a yanka ba, minti arba'in da tara. Minti taran ƙarshe mu biyu ne a kan katanga. Na manna abin ɗaukar murya a jikin tashar, don haka duk ya shiga. Ya yi maganarki da yawa a ciki. Ba zan rubuta ba, gara ki ji da bakinsa.

Maganar takarda ki manta da ita. Ki yi abin da kika ga dama da ni.

Bryony


Grimsby, 21 ga Yuni

Bryony 'yata,

Wasiƙa da kaset sun iso ranar Talata. Na ji daɗi da kike cin abinci. Gwiwa ta kumbura, likita ya ba ni magani, kuma na je da ƙafata, ban jira an kai ni ba.

Da nake can na tambayi matar da ke rubuta sunaye ko Cliff ya karɓi wani lokaci bayan na Oktoba. Ta ce ba ta da izinin faɗa. Na tsaya ban motsa ba, layi yana taruwa a bayana. Ta duba littafi, ta ɗago ta girgiza kai. Bai koma ba. Ke ma ƙarya ya yi miki.

Ba zan ɓoye miki ba, kwana biyu na yi ina fushi da ke. Abin da ya fi tsaya mini shi ne cin abincin yammacin ranar. Na yi kifi da dankali, kun zauna ku biyu a teburina, kina cewa ɗaukar ta yi kyau, shi yana cewa a miƙo gishiri. Ni kuma ina yi masa mitar irin albasa. Kun bar ni ina yi. Da kin biyo ni kicin kin ce kalma uku, da washegari na sa shi a tasi, ko da ɗaure shi zan yi. Ko da zai rayu, ban sani ba. Likitan asibiti ma bai ce ya sani ba. Wannan tambayar za ta zauna tare da ni, kuma ina jin za ta zauna tare da ke.

Amma na san mutumin da ya riƙe miki hannun riga. Ni ma ya riƙe mini, sau da yawa, kuma na bari. Ya ce tsufa ne, na bari. Ban fi ki ba. Ban ce komai ya wuce ba, Bryony, don bai wuce ba. Cewa na yi ke 'yarmu ce, kuma ɗakin baya yana nan. Ki zo a watan Agusta. Akwai kayan lambunsa a rumfa, ba zan iya ɗaga su ni kaɗai ba.

Na sa hannu a takardar, ga ta nan. Kada ki cire komai. Ya sha wahala sosai ranar don a gan shi a mutumin kirki, kuma mutumin kirkin ne. A bar su su yi dariya. Abu ɗaya nake roƙo. Ranar da za a nuna, ki zauna a ciki ki kalla har ƙarshe, kada ki fita waje.

Ban gaya wa Doreen ba, ban gaya wa Pauline ba. Ke za ki gaya wa mahaifiyarki in kin ga dama.

Ranar Alhamis da hantsi na ja labule na sa kaset ɗin. Na kalli minti arba'in ɗin duka, ban tsallake ko'ina ba. Tsakanin bas da bas babu abin da yake yi sai tsayuwa. Yana duba agogo. Sau ɗaya ya gyara wuyan rigarsa da na ɗinke masa. Na ga bas ta uku ta tafi, na ga bayanki kin shigo hoton kina gudu, gashinki duk ya jiƙe. Na ji ya ce ki koma kafin a sace na'ura. Muryarsa ce sak, kamar yana cikin falo. Na tashi na kashe.

Antinki,
Glenys

Kaset ɗin yana cikin na'ura, a daidai inda na tsayar. Minti taran ƙarshe ban kalla ba tukuna.